Mai Sarewar da Bai Taɓa Gajiya Ba

A gidanmu na Katagum ba a jin tatsuniya da hannu a sake. Kakarmu Dada ƙuli-ƙuli take yi, saboda haka da an idar da sallar isha'i sai ta jawo buhun gyaɗa gaban murhu, inda sauran garwashin tuya yake, ta zube mana. Mu biyar ne jikokinta, ni ce babba a mata. Idan hannunka ya tsaya, bakinta ma ya tsaya.

"Ga ta nan tafe, wa zai tare ta?" Haka take farawa. Mu ce ta zo mu ji ta. Sai ta harare ni: "Ke Hadiza, ɓara na ce, ban ce ci ba."

Tatsuniyar da muka fi roƙo ita ce ta Ilu Mai Sarewa. A ƙasarsu, wai ita Gandaru, rana ba ta faɗuwa da kanta. Tana kaiwa tsaka sai ta kafe, sai an lallashe ta. Ilu kaɗai ya iya. Sarewarsa ta karan dawa ce, amma idan ya busa kogi kan dare ya ba shi hanya, zaki kan kwanta ya ɗora haɓa a ƙafarsa. Kullum da la'asar sai ya hau wani dutse mai tsawo ya yi ta busa, rana tana saukowa kaɗan-kaɗan kamar akuyar da ake ja da igiya, har ta shige. Sannan mutane su samu barci, gero ya sha iska.

Shekara arba'in yana wannan aiki. Kowace safiya jama'a su zo gaishe shi: "Ilu, ina gajiya?" Ya ce, "Ba gajiya." Da samari suka nemi a koya musu busa, dattawa suka kore su, suka ce mutumin da bakinsa ya ce bai gaji ba, me za ku tsoma baki?

"To shi ma me ya hana shi faɗa?" na taɓa tambaya.

"Kunya mana," in ji Dada. "Ke a gidan wa kika taɓa jin an amsa gaisuwa da akwai gajiya?"

Ran nan Ilu ya hau dutse, ya kai sarewa baki, numfashi ya ƙi zuwa. Rana ta tsaya cak. Gero ya ƙone a gona, rijiyoyi suka ƙafe, jarirai suka yi kuka har muryarsu ta dushe. To daidai nan ne kan Dada yake fara rinjaya. Gyaɗa ta zame daga hannunta, sai minshari. Mu yi ta jan zaninta muna cewa ta cuce mu, mun ɓare mata rabin buhu a banza. Ban taɓa lissafa cewa tun asuba take tsaye ba, daga suya zuwa niƙa zuwa matsar mai. Da safe kuma in na durƙusa na ce ina gajiya, ta ce ba gajiya, ni kuwa in yarda.

Sau ɗaya tak ta kai mana ƙarshe. Wata tsohuwa ce ta hau dutsen da ƙwaryar ruwa, ta tarar da Ilu a zube. Ba ta gaishe shi ba. Ta ce, "Ɗan nan, ni ba gaisuwa ta kawo ni ba, tambayarka nake." Ilu ya ce, "Iya, na gaji tun shekara ashirin da suka wuce." Da labari ya sauka gari, kowa ya yanki kara ya huda, Ilu yana kwance yana nuna musu inda za su ɗora yatsa. Busar ba daɗi, rana ta sauko a karkace, ta yi jajir don haushi, amma dai ta sauko.

"Ta ƙare, ku kwashe ɓawon," in ji Dada.

Ita kam babu tsohuwar da ta hau mata dutse. A gaban kaskon tuya ta faɗi, ba ta ƙara tashi ba, ina aji biyu na sakandare. Da safen ranar ma na gaishe ta, ta amsa yadda ta saba.

Yanzu ina koyarwa a wata firamare a Azare, kuma shekara uku ke nan Inna, mahaifiyarmu, tana ɗakina da shanyewar ɓarin jiki. Ni ce wanka, ni ce juyi, ni ce ba da abinci a baki, kafin in tafi makaranta da bayan na dawo. Yayana Sani yana Jama'are, ƙannena mata biyu suna Shira. Ba miyagu ba ne. Duk Juma'a suna bugo waya, su ce ina gajiya, in ce ba gajiya, su yi min addu'a su kashe. Wani lokaci in ji haushinsu ya cika min ciki, alhali ni na rufe musu ƙofa da bakina.

Makon jiya ina ɗaga Inna daga kan tabarma sai jiri ya ɗebe ni, muka zube tare. Allah ya tsare, goshinta ne kawai ya kumbura. Ta yi ta kallona da ido ɗaya, hawaye na bin kuncinta. Ina zaune a ƙasa, na kasa tashi, babu abin da ya faɗo min a rai sai Dada da gyaɗar da take zamewa daga hannunta.

Ranar Juma'a waya ta yi ƙara. Yaya Sani ne.

"Hadiza, ya jikin Inna? Ina gajiya?"

Amsar da na saba ta zo har bakina. Na haɗiye ta da ƙyar, kunya kamar ta kashe ni.

"Yaya, akwai gajiya."

 Ya ce, a hankali, "Tun yaushe?"

Na ce ya zo gobe, zan nuna masa yadda ake juya ta.