Tabon da ke wuyan jarumin littafina

"Ke ce kika zana wannan?"

Na ɗago kai daga injin fotokwafi, sai ga wata dattijuwa a ƙofar shagona riƙe da littafina. Labarin soyayya ne na manya cikin zane, irin wanda ake kira manga. Ni ke zanawa, ni ke bugawa, ɗaliban jami'a na Gubi da matan aure suna saya su ɓoye a jaka. Na ɗauka faɗa ta zo yi.

Na ce, "Ni ce, Mama."

"A ɗakin jikata na gan shi." Ta buɗe shafin da jarumin ke sallama da matarsa, ta ɗora yatsa a wuyansa. "'Yata, ina kika san wannan tabon?"

"Daga kaina na ƙirƙiro shi."

Ta zaro wani tsohon hoto. Mutum ne tsaye kusa da shanu, ga tabon nan a gefen hagu, a lanƙwashe kamar lauje.

"Mijina ne. Ya rasu tun ba a haife ki ba. Abin da kika sa ya faɗa a nan, 'Kada ki rufe ƙofa, yanzu zan dawo,' ita ce maganarsa ta ƙarshe gare ni. Ban taɓa gaya wa kowa ba."

Na sake duban hoton, na dubi zanena.

Ba ta yi fushi ba. Abu ɗaya ta roƙa: a littafi na biyu in bar jarumin ya dawo gida.

Sati uku ke nan na kasa ɗaukar fensir. Jama'a, da ku ne, za ku zana mata?