Rawanin Baba a Kan Titin Kassala

Gidanmu a bakin titin Gadarif zuwa Kassala yake, kusa da Shuwak. Duk watan azumi, da rana ta kusa faɗuwa, mazan unguwa sukan shimfiɗa tabarmi, a jera farantan tuwon asida da abre, abin sha mai sanyi. Sai Baba ya warware rawaninsa, shi da maƙwabcinmu su ja shi ya gitta titi. Duk motar da ta zo, dole ta tsaya a sha ruwa. Baba ba ya kai loma baki sai da baƙo a gefensa.

Yayana kuwa, bin ƙa'ida kamar shi ya haife ta. Sallarsa ba ta makara, bai taɓa cin haƙƙin kowa ba. Kullum sai ya ce, "Baba, tare hanya mamnu' ne, doka ta hana. Kuma matafiyi ai azumi bai wajaba a kansa ba." Gaskiya yake faɗa, abin da ke ba ni haushi ke nan.

A azumin da yaƙi ya tashi a Khartoum, wata yamma maƙwabcin ya tafi Basunda, babu mai kama wa Baba rawanin. Bas biyu suka wuce fuu. Baba ya rufe faranti, ya ce ruwa kawai zai sha, ga shi tsoho, jiki ba ƙwari. Ni da na wuni a gaban murhu na leƙo daga zaure na ce, "Yaya, a wane littafin aka ce ka bar mahaifinka ya kwana da yunwa?" Ya harare ni, ya tashi ya kama bakin rawanin da yatsa biyu.

Wata lori ce ta zo, cike da mata da yara da katifu. Da ta tsaya, babu wanda ya motsa, yaran suka ɓuya a bayan iyayensu. Baba ya ce, "Itfaddalu, ku sauko ku sha ruwa." Wata tsohuwa ta dubi tabarmin, ta yi ta dariya har da hawaye. Ta ce wa yayana, "Ɗana, tun daga Khartoum ake tsayar da mu, kowa karɓa yake yi. Ku ne na farko da kuka tsayar da mu don ku ba mu."

Daɗi ya cika ni, na koma na ɗora wata tukunyar. Baba ya ci har ya nemi ƙari.

Yanzu gwiwoyin Baba sun ƙi, yayana ke fita da rawanin. Har yau yana cewa mamnu' ne, amma a tsakiyar titi yake faɗa.