Na je Sakkwato neman hujja a kan mai tsire

Mun tashi da asuba daga Kano, ni da wani abokina Basakkwace, zuciyata fal da zumuɗi. Dalilin tafiyar kuwa wani mai tsire ne da ya kafa tukubarsa a bakin lungunmu, ko a daidaita sahu ba ya iya shiga. Na kai ƙara, mai unguwa ya sa ranar Asabar a zauna, in na kawo hujja a tashe shi. Abokin nan ya ce kawunsa a Ƙofar Rini yana da tsofaffin littattafai a kan haƙƙin hanya da kasuwa da rijiyar jama'a. Na ce to, ai magana ta ƙare!

Kuɗin mota kam ba a cewa komai. A Funtuwa muka karya da shayi, bayan Gusau kuma wata tsohuwa ta tallata mini hoce, wani gasasshen abinci na dawa, na ci uku ina santi har direba ya yi mini dariya. Da la'asar muka shiga Sakkwato, zafi ya tare mu kamar an buɗe murhu. Na kira ɗan acaɓa, abokina ya ce nan kabu-kabu ake cewa, in daina tona wa kaina asiri.

Wayyo, zauren Malam, kawun abokin nawa! Littattafai ne jingim, wasu na ɗab'i, wasu rubutun hannu cikin gafakar fata, takardun sun yi ja don tsufa. Har tsigar jikina ta tashi. Bayan gaisuwa da fura mai sanyi na zaro waya, na ce shafi ɗaya kawai nake so in ɗauki hoto, inda aka yi maganar masu tare hanya da sana'a.

Malam ya dube ni ya yi murmushi. "Yaro, mu nan ba mu yanko littahi daga tsaka. Wanda duk ka son shi, sai ya zamna an biya mai daga farko."

Haka na kwana biyu ina zaman ɗalibi. Yana karanta Larabci yana fassarawa da Sakkwatancinsa mai daɗi, ni kuwa sai gyaɗa kai nake, ina jiran a zo kan mutumina. Kai, mutanen da sun yi tunani! Har inda za a ɗaure dabba da yadda za a raba ruwan rijiya sun tsara.

Ashe kafin babin 'yan kasuwa akwai na masu gidaje: wanda ya fito da dakali cikin hanya, da wanda ya saki indararo a kan masu wucewa. Malam ya ɗago kai. "Kai, ƙohwar gidanka, jaki da kaya shina wucewa?"

Nan take na tuna. Bara na gina dakalin siminti mai faɗi don hirar yamma, kuma a daidai wurin nan ne mai tsiren yake sana'arsa tun kafin in sayi gidan. Ni na turo shi bakin lungu. Wallahi kunya ta kama ni, gumi ya jiƙa mini riga, ba kuma na zafin gari ba ne. Da aka iso babin da na zo dominsa, ban ma zaro wayar ba.

Mun dawo Kano ranar Juma'a, da kilishi da albasa tsaraba. Abin da na koyo shi ne, hanya ta kowa ce, kuma daga ƙofar gidan mutum ake fara lissafin haƙƙinta.

Ranar Asabar mai unguwa ya ce, "To Alhaji, ina hujjar?" Mai tsiren na durƙushe gefe, kansa a ƙasa, 'ya'ya shida yake ciyarwa da tukubar nan.

Na ce, "Ranka ya daɗe, na samo ta, amma a kaina ta faɗa. Na janye ƙarata, gobe zan rushe dakalina, mai tsire ya koma wurinsa."

Washegari ina fitowa da guduma na tarar da mai tsiren tsaye da baro, ya aro don ya taya ni kwashe ɓaraguzai.