Sajo Dogo da Layin Alli

Sajo mutumin Iware ne, mai dakon masara. Tun yana yaro tsawonsa yake ba shi kunya, a gaban manya sai ya tanƙware kamar lauje. Ƙwallon kwando kaɗai ke miƙar da shi.

A shekarar casa'in da huɗu masu zaɓen 'yan wasa biyu suka zo Jalingo daga Legas. Kwana uku Sajo ya kasa zama, abinci ma a tsaye yake ci. Masu zaɓen suka ja layi da alli a bango, wanda kansa ya wuce shi za a ɗauka.

Mai awon dattijo ne mai furfura. Sajo na isa gabansa, wuya ya sunkuya.

"Miƙe mana, dogo! Allura ka yar a ƙasa?"

Ya gwada, ya kasa, gumi ya karyo masa. Dattijon ya buɗe baki zai kira na gaba.

"Baba," in ji Sajo, "don Allah ɗan juya baya."

Dattijon ya yi dariya, ya juya. Sajo ya miƙe, Allah da ikonsa, har da rarar taƙi guda. Ɗayan mai zaɓen, wanda matashi ne, ya rubuta sunansa.