Tassa a Kurmi

Shekarar da ɗiyata ta biyu ta haihu a Abijan, ni anka aika in yi mata zaman jego. Mijinta ɗan garinmu ne, nan kusa da Deule. Ya tahi can biɗar kuɗi kamar sauran samari, sai kasuwa ta karɓe shi, ya zo ya ɗauke ta. Ta waya ta gaya mani abinci ya ƙi shiga. Miyar can manja ce da kifi, ita kuwa tun tana da ciki ko warinsu ba ta so. Ga jariri a hannu, nono ba ya isarsa.

"Inna, miyar lalo nake so, ɗanye, irin wanda kike tsinkowa bayan ɗaki," ta ce. "Na kasuwar nan kusa da kifi ake kasa shi, duk ya kama ƙarni."

Na ɗauki kuka da daudawa, amma abin da ya fi faranta mani rai ƙulle-ƙullen iri ne da na ɗaure a bakin zane: lalo, yakuwa, kuɓewa, da irin albasarmu da na aika anka sayo mani a Madawa.

Mun baro gida ƙasa na ƙona ƙafa. Da kar, babbar motar fasinja, ta nausa kudu sai duniya ta soma canza launi, na manne da gilashi kamar yarinya. Ciyawa har bisa katanga! Itace na tsiro a tsagar siminti, ba wanda ya ba shi ruwa. Na ce wa matar da ke kusa da ni, "Baiwar Allah, mutanen nan sun san abin da Allah ya ba su kuwa?"

Na iske ɗiyata ta rame, wuyanta ya yi tsawo. Miyar kuka ta taimaka kaɗan, loma biyu uku ta ture kwano. Bayan ɗakinsu akwai ɗan fili, ƙasa baƙa mai laushi, yatsa na shiga cikinta. Surukina, yana magana kansa a duƙe, ya ce mai gidan da suke haya ya yarda in shuka, ya kuma aro mani kalme.

A wajenmu wanda ya san noma tassa yake haƙawa. Rami ne kamar kwanon tuwo, a tara ƙasarsa ta gefen gangare, a zuba taki a ciki, don in ruwa ya sauka kada ɗigo ɗaya ya tsere. Da tassa munka raya faƙon mahaifina, inda ko ƙaya ba ta tsiro. Na haƙa su jeri-jeri, masu kyau, na shuka. Kafin mako ya zagayo komai ya tsiro. Na yi ta kiran ɗiyata ta leƙo ta taga.

Sai ruwa ya zo. Ban taɓa ganin irinsa ba. Ba hadari, ba iska, sama kawai ta buɗe, ta yini tana zuba, washegari ta ƙara. Tassata sunka yi aikinsu yadda na koya masu: ko ɗigo bai tsere ba. Kowane rami ya zama ɗan tabki, tsirrai sunka yi rawaya sunka kwanta, har kwaɗi sunka samu gida.

Ina tsaye a kansu sai na ji dariya. Maƙwabciyarsu ce, wata dattijiya ƴar ƙasar mai sayar da aceke, dambun rogon nan nasu. Ta tsinci Hausa wajen mutanenmu a kasuwa, tana jefa ta yadda ta samu.

"Maman Nijar! Kifi za ki shuka?"

"Lalo na shuka," na ce.

"Kin yi masa wanka, ya mutu!"

Dariya ta kama ni nima, ko da yake sauran lokacina kaɗan ne. Dole in koma kafin shuka ta kama a gida. Dattijiyar ta ƙetaro, ta karɓi kalmen, ta soma jan ƙasa tana tarawa sama, kunya mai tsayi har gwiwa, da hanya a tsakani inda ruwa zai bi ya fita. Na tsaya ina kallo. Mace da hankalinta tana yi wa ruwan sama hanyar gudu! A garinmu da an ce ta taɓu.

Na kwance sauran irin na shimfiɗa mata. Ta ɗauki lalo ta shinshina, ta ce nasu ne su ma, yana son nan. Kuɓewa, ta ɗaga babban yatsa. Yakuwa, ta ce a sa ta can bisa, inda rana ke bugawa. Da ta zo kan albasa sai ta ture ta gefe.

"Wannan a'a. Ruɓewa."

"Albasar Madawa ce fa," na ce a hankali. "Wadda kuke saye buhu-buhu."

"To don me muke saye, Maman Nijar?"

Na zuba irin albasar a wani tsohon baho mai huji ƙarƙashin rumfa, ko lawashi a samu. Ita kuma ta kawo mani abin da ban zo da shi ba: reshen dankali, wanda ake cin ganyensa, da ƴaƴan gwaza masu son ƙafarsu cikin laima. Gwazar ta dasa ta a ramukana biyu da ta bari ba ta cike ba, ta ce wannan ce mai son irin aikina.

Abin da ya biyo baya har yau in na tuna sai in ji daɗi. Kowace safiya kafin in ɗora ruwan wankan jego sai na zagaya. Ganyen da na bari kamar kunnen ɓera in iske shi kamar tafin jariri. Dankali ya bi kunya ya rufe ta. Ba guga, ba igiya, ba ɗaukar tulu. Aikina cire ciyawa ne da tsince dodon koɗi, waɗansu ƙattai da ban san akwai irinsu ba. Albasa ta fito siririya, ta tsaya nan.

Ranar da na yi tsinkar farko, ɗiyata ta fito da kanta ta zauna bakin murhu, jariri a cinya. Na yanka lalon, na sa ƴar kanwa da daudawar gida, na kaɗa har ya yi yauƙi. Na tuƙa tuwon masara, don hatsin da na zo da shi ya ƙare.

Ta soma ci. Na yi kamar ina gyaran wuta, ina kallon hannunta ta gefen ido. Ta cinye, ta suɗe yatsu, ta miƙo kwanon.

"Inna, da saura a tukunya?"

"Akwai, amma na maƙwabciya ne."

"Ki ba ta na gobe," ta ce.

Na ƙara mata. Kafin in kama hanyar gida jaririn ya soma yin kumatu, ita kuma ta iya jan kunya da kanta.