Randar da Ake Kiran Jiya da Ita

Ina shekara tara, a gidanmu na Gawon Nama, na ƙirƙiro wata ƙasa a bayan madafa wadda mutanenta ke magana da jiya. Wayarsu wata tsohuwar randa ce mai hudajjen gindi, kwance a jikin zanan da ya raba mu da sashen kakata. Dokar ita ce ki sa kanki ciki ki yi sallama, kuma ba ki faɗin saƙo sai ke ta jiya ta amsa. Ba ta taɓa amsa mini ba, na ɗauka ko tana makaranta ne.

Wata rana na ci rabin kilishin da Baba ya ajiye wa baƙonsa, na ɓoye sauran. Da tsoron bulala ya kama ni, na ruga na cusa kai cikin randa.

"Salamu alaikum."

"Wa alaikumus salam," in ji randa.

Na ce, "Ke ta jiya, don Allah kada ki taɓa kilishin Baba!"

"Kin makara, ɗiyata, na riga na taɓa. Ina munka ɓoye saura? Na mance."

Na ce cikin kwandon albasa. Ban ko yi mamakin yadda na tsufa jiya ba.

Da la'asar Baba ya fara cigiya. Kakata, tana sakace, ta ce ita ta cinye duka, wanda ya isa ya doki uwarsa. Baba ya aika a sayo wani.