Fuskar da Ke Bayan Hayaƙin Tsire

Ngaoundéré

Ana idar da sallar asuba muka shiga bas zuwa Yaoundé, ni da maƙwabciyata Inna Dudu. Sana'ata shirya wa talabijin fim kan rayuwar mutane, kuma ita ce ta jawo min wannan tafiya. A fim ɗin da na yi kan masu tsiren unguwar Briqueterie a Yaoundé, akwai wani yana fifita wuta can baya. Da Inna ta gani a talabijin, ta rantse ɗanta Hamidu ne, wanda ya gudu bayan ya tona asirin masu garkuwa da mutane a rugarsu. Ita murna take yi, ni kuwa na san na jefa shi cikin haɗari. In uwa ta gane shi ta cikin hayaƙi, masu nemansa ma ai ba makafi ba ne.

Garoua-Boulaï

A shingen bincike, jandarma ya juya kamarata, ya tambayi wa nake bi da ita. Faransancina ma ya gudu. Da ƙyar ya sake mu. A Bertoua muka kwana, Inna ta ci rogo da kifi.

Briqueterie

Da la'asar tasi ta sauke mu ta wajen unguwar Tsinga, muka taka zuwa layin masu tsire. Na nuna wa shugabansu, Alhaji Bala, hoton Hamidu da na ciro daga fim ɗin. Ya daɗe yana kallona.

"Ku ne na biyu da suka zo da hoton nan," in ji shi. "Na farko maza biyu ne, shekaranjiya."

Sai da Inna ta faɗi sunan kakan Hamidu da tabon da ke ƙafarsa, sannan aka bi da mu lungu-lungu zuwa bayan shagon wani tela. Hamidu na nan, jakarsa a ɗaure, mota yake jira. Inna ta shafa fuskarsa, ba ta tambayi inda za shi ba. Ni ko kallona bai yi ba.

Gida

Mun dawo lafiya, godiya ga Allah da Alhaji Bala. Na roƙi gidan talabijin su daina maimaita fim ɗin, suka yarda. Da Inna ta ji, sai ta aiko a tambaye ni: to yanzu a ina za ta riƙa ganinsa?